Malamin Ƙofa

Ƙarfe biyu saura na dare, Sheffield ta jiƙe sharkaf,
taragon ƙarshe ya wuce ƙasan taga yana jan ƙafa.
Daga ni sai shayin da ya huce, sai injin da ba ya barci,
a hawa na huɗu na kamfanin inshora.

Rhiannon ta ce, tana ɗaura igiyar takalmi:
wani abu na cika mana rumbun injin nan, Ɗahiru,
nemo shi, ko ɓarawo ne ko ɓera.

Sai na rubuta ɗan fayil, bai kai nauyin hoton fasfo ba,
wutsiyarsa haruffa uku, DLL,
ba ya tsayawa da ƙafarsa, sai an goya shi.
Na soka shi jikin kowace manhaja
yadda tela ke soka allura a gefen hula,
na ce masa: zauna a bakin ƙofa.
Duk wanda ya zo roƙon uwar injin,
a buɗe mini wannan, a ba ni wuri, a aika wancan,
saƙala masa ƙugiya, tambayi sunansa,
rubuta lokaci, sake shi ya wuce.
Kada ka ƙara, kada ka rage,
kada a ce rijiya ta bayar, guga ya hana.

Aikin babana ke nan a tashar Funtuwa,
biro a bayan kunne, littafi mai shuɗin bango,
lambar mota, dilar auduga nawa, wa ya ɗauka.
Shekara talatin bai taɓa riƙe sitiyari ba,
amma ranar gardama shi ake aika yaro ya kira.

Layuka suka fara zuba a allo
kamar an kwance bakin buhun gero.
Buɗe. An buɗe. Karanta. An karanta. Rufe.
Ashe haka inji ke wuni, roƙo da amsa,
ba sallama, ba na gode.

Na sheƙe, na bakace, ƙaiƙayi ya tafi.
Can ƙasan faifai ga tsakuwa guda:
wani kira mai dawowa duk bayan daƙiƙa tara
yana neman jakar D. Hallam.
Amsa: babu.
Ya rubuta kukansa a rumbu, ya koma, ya sake zuwa.
Babu.

Na san Desmond.
Teburinsa na jikin bututun ɗumama ɗaki,
biskit ɗin citta a aljihun tebur, ba ya hana kowa,
bai taɓa iya furta harafin farko na sunana ba,
bai kuma daina gwadawa ba.
A watan Afrilu zuciyarsa ta tsaya a tashar bas.
Ranar Litinin aka share shi daga rajista,
aka manta da ɗan aiken da ya ɗaura
don ya riƙa kwafe masa takardu.
Wata bakwai yana ƙwanƙwasa ƙofar da aka toshe.
Na buga lissafi: sau miliyan biyu da 'yan kai.

Ba ɓarawo, ba ɓera.
Layi ɗaya zai sallame shi.
Na ɗora yatsa. Na ɗage.

Wayata na kife kusa da kofi, na juya ta.
Yaya Tasi'u: Lahadi, Talata, jiya sau biyu.
Ita ma ashe da nata malamin ƙofar,
ya rubuta rana, ya rubuta minti,
bai rubuta abin da aka so a faɗa mini ba.

A Funtuwa saura kaɗan ladan ya tashi.
Yaya ba ya komawa barci bayan asuba.

Na bar wa Rhiannon takarda a kan madannai:
na gano shi, ba ya cizo,
ki zo ki gan shi kafin a kashe.
Na ɗora sabon ruwa a buta, na sa wayar a caji.

A allo ɗan fayil ɗina bai ɗaga kai ba.
Uku da minti goma sha ɗaya.
D. Hallam.
Babu.